Waƙoƙin Inna a Ƙasan Kogi

A Gayar da na tashi a cikinta, in mutum ya tsaya a layin teloli ya ɗaga takarda ya ce wa zai karanta masa, hannaye ne za su miƙo ta ko'ina. Cikin masu miƙo hannun babu wanda ya taɓa zama a bencin lakwal, wato makarantar boko. Da harufan da suka koya a allo suke rubuta Hausarsu, da su suke rubuta Dendancinsu, wanda ya ji Fulatanci ma da su yake rubuta shi. Ba mu ba abin wani suna na dabam ba, rubutu ne kawai. Sai da na girma na fara jin ana cewa ajami, don a raba shi da boko.

Yau ka bi hanyar da ta gangara gada ka duba allunan shaguna, da bayan kamyo masu ɗaukar kaya, da bangon lakwal. Boko ne daga sama har ƙasa. Harufanmu na da ba ka ganinsu sai a goshin masallaci, ko a jikin kwalin dabino. Yaro in ya gan su a takarda, abu biyu ke zuwa masa a rai: ko Alƙur'ani ne, ko laya. Cewa mutum zai iya ɗaukar waɗannan harufa ya rubuta "akuya ta haihu" ko "ruwa ya ci gonar shinkafa", wannan bai taɓa faɗo masa ba. Wannan rashin sanin ya ci mini abin da ba zan sake samu ba, kuma har yau in na tuna raina ɓaci yake.

Mu biyu ne maza a ɗakin innarmu. Wana ya zauna gida, yana noman shinkafa a fadama, da rani kuma yana gyaran jiragen ruwa a bakin kogi. Ni na bi mota tun ina saurayi. Na yi yaron mota, na yi direba, daga baya na zama tafintan fatake, saboda bakina yana saurin kama harshe. Kotonu, Kumasi, Kankan, Agadas, Hartum, Habasha, har Masar, duk na kwana na tashi.

Inna Badendiya ce, daga wata tungar masunta a hayin kogi aka auro ta. Ba zabiya ba ce, ba ta taɓa buɗe baki a taro ba. Amma a tsakar gida ba ta aiki shiru. Tana da waƙar daka, tana da ta tankaɗe, da ta lallashin yaro mai zazzaɓi, da wadda mata ke yi in jirgi ya daɗe bai dawo ba, da wata doguwa mai jero tungayen da kakanninta suka zauna kafin su iso nan. Duk da Dendanci ne, irin na tsofaffi, wanda ko a lokacin ba kowa ke gane wasu kalmominsa ba. Da ta tsufa ƙafa ta ƙi, wana ya riƙa zama kusa da ita bayan la'asar da alƙalamin kara da kurtun tawada, tana rerawa yana rubutawa. Na taɓa iske su a haka wani zuwa da na yi. Ta dube ni ta ce, "Ga ɗaya ya mai da hanya uwarsa, ga ɗaya yana tara surutun tsohuwa kamar hatsi. Allah bai ba ni mai hankali ba." Sannan ta juya ta ce masa ya soke baitin ƙarshe, ba haka ta faɗa ba.

Kowace takarda wana yana buɗe ta da bisimilla a sama, yadda aka koya mana: ba a fara rubutu ba tare da ita ba, ko da saƙon gaisuwa ne. A ƙasa kuma sai ya sa ramzi, wato shekarar da ya yi rubutun, amma da harufa maimakon lambobi. Alif ɗaya ne, harafin ba biyu ne, jim uku, dal huɗu, haka har shin da ke tsaye a matsayin dubu. Sai ka ga wata ƴar kalma da ba ta nufin komai a kowane harshe, ka haɗa nauyin harufanta, shekara ta fito. Takardun ya jera su cikin akwatin ƙarfe a ƙarƙashin gadonsa. Ni da na bar gida da wuri, abin da ya rage a kaina na waƙoƙin bai wuce ƴan amshi ba da guntun ta lallashi. Ban damu ba, don na san inda suke. Muryar Inna tana cikin akwati.

Da wana ya rasu na zo daga Doso, inda nake zaune wajen ɗiyata. A lokacin yanar ido ta rufe mini duka biyun, mutum sai ya yi magana nake gane shi. Bayan an watse daga zaman makoki na ce wa babban ɗansa ya jawo mini akwatin. Shi wannan ɗa mutumin kirki ne, ba zan ɓoye ba. Ya yi lakwal har ya ƙare, yana aikin fitar wa ƴan kasuwa da kaya a duwan, wato kwastan, ba ya wasa da salla. Ya jawo, ya buɗe, ƙanshin tawada da tsohuwar takarda ya bugo ni. Na ɗauki ta sama na kai ta har kan hancina. Baƙi-baƙi kawai nake gani, kamar tururuwa a ƙarƙashin ruwa.

Na miƙa masa. "Karanta mini."

Ya karɓa da hannu biyu. "Bisimillahi..." Ya tsaya. "Baba, daga nan kuma ban san inda aka nufa ba."

"Ba ka yi allo ba?"

"Na yi, Baba. Amma abin da na haddace nake ganewa. Wannan ban taɓa jinsa ba."

Ƙanwarsa, wadda ke koyarwa a lakwal a Bengu, ta leƙo ta kafaɗarsa, ta kira ni baba da Faransancinsu. "Tonton, wannan ai aikin malamai ne. Mu a bar mu da a, be, se ɗinmu."

"Waƙar kakarki ce, ke! Wadda aka yi miki kina goye kina tsala ihu."

"To ka rera mana mana, tunda ka san ta."

Aka yi dariya. Ni ban yi ba.

Na ce zan tafi da akwatin Yamai, inda za a yi mini aikin ido. In ido ya buɗe in zauna in karanta, in juya su boko don jikoki. Nan dattawan dangi suka ce a'a. Ba a fitar da ko tsinke daga gidan mamaci kafin a raba gado, rabon kuwa sai ƙaramin ɗan ya dawo daga Abijan, matar wana kuma ta fita takaba. Na ce takardu ne, ba gona ba. Wani ya ce akwatin fa ƙarfe ne. Na ce a ba ni takardun a riƙe ƙarfen. Suka ce dukiyar mamaci dukiyar mamaci ce, babu babba babu ƙarama.

Na laluba na kama hannun ɗan wana. "Ka ji, akwatin nan amana ne a wuyanka har in dawo."

"Baba, wallahi ko ƙasa ba zan bari takarda ɗaya ta taɓa ba."

Da gaske yake. Abin da ya fi ci mini rai ke nan.

Aikin ido ya ja lokaci, don ɗaya bayan ɗaya ake yi, a tsakani kuma damina ta sauka. Ina kwance da auduga a ido, ba abin yi sai tunani, na riƙa bin rubuce-rubucen da na gani a duniya. A Agadas na ga matan Abzinawa suna zana tifinag a kan yashi da yatsa, da'ira da ɗigo da gicciye, suna tsegumi da shi suna dariya, in wani ya tunkaro su shafe da tafin hannu. A Kankan na ga tela yana rubuta awon riga da nko, rubutun da mutanensu suka ƙago wa harshensu. A Habasha allon asibiti ma da nasu harufan yake. A Masar kuwa na sayi irin ƙosansu aka naɗe mini shi a jaridar Larabci, mai ya jiƙa harufan sharkaf, ba wanda ya ɗaga kai. A can harafi harafi ne. Abin da aka rubuta da shi ne ke da tsarki ko ba shi da shi.

Wani tsohon malamin makaranta da na zauna a gidansa a Hartum shi ya fara nuna mini cewa alif-ba-ta namu, da a-be-se na lakwal, ƴan uwa ne na jini. Ya ce wasu mutane ne na gabas, can wajen bakin teku, suka zana kan sa suka ce shi ne harafin farko, suka zana ɗaki suka ce na biyu, fatakensu suka yaɗa shi. Daga nan abin ya rabu. Reshe ɗaya ya bi ta Girka da Rum har ya kai Faransa, ya juyo ya iso mana ta jirgin ruwa. Ɗaya ya bi ta Larabawa, ya ƙetaro hamada a kan raƙumi, ya riga wancan isowa da ƙarnoni. Lambobin ma haka. Mushen lakwal, malamin boko, yana ce musu na Larabawa, Balarabe yana ce musu na Hindu. Sifirin da muke faɗa daga bakin Larabawa muka ɗauke shi, Bafaranshe ma daga can ya ɗauko nasa. Mu kanmu kafin ashirin da talatin su zauna a bakinmu, gomiya biyu, gomiya uku tsofaffi ke cewa, Inna kuwa har ta koma ga Allah waranka take ce wa ashirin, da Dendancinta.

Kowa aro ya yi. Ba wanda aka haifa da harafi a hannu. Sai dai duk wanda ya ara ya mai da abin nasa, ya rubuta addu'arsa da shi, ya rubuta habaicinsa da shi. Mu ma mun yi haka. Har sunaye muka raɗa wa harufan da Hausa, ba guje, ha kuri, ɗa mai hannu, kamar yaran gida. Ina kwance ina tambayar kaina yadda aka yi, cikin rayuwar mutum ɗaya, yaran gida suka koma baƙin da ake jin nauyinsu. Ban san amsar tana jirana a Gaya ba.

An kwance mini ido na biyu kogi yana cike. Ban tsaya Doso ba, na wuce kai tsaye. Ina gani tar, har ganyen mangwaro ɗaya-ɗaya. Matar wana ta fita takaba, na iske ta a tsakar gida tana tsintar shinkafa a faifai. Tsakanina da ita wasa ne tun tana amarya.

"A'a, ƙaramin miji! An sa maka sabon ido? To dube ni da kyau, ka ga abin da ka yi asara."

"Na gani, tsohuwa ce. Ina akwatina?"

Ta sauke kai ta ci gaba da tsinta. "Ga shi can a rumfa. Ɗanka zai gaya maka."

Akwatin yana nan. An wanke shi, an toshe gindin, an cika shi da irin shinkafa.

Ɗan wana ya dawo da azahar. Ya durƙusa ya gaishe ni, ya yi mini barka da ido, fuskarsa a sake, irin ta wanda ya sauke nauyi. Ya ba ni labari daki-daki. Ɗakin ya yi yoyo, gindin akwatin ya yi tsatsa ya huje, gara ta shiga ta ci gefen wasu takardun. Sun shanya su a rana, sai iska ta ɗebi kaɗan ta watsa a tsakar gida. Ya dawo daga aiki ya iske akuya da ɗaya a baki, wata kuma ta maƙale a bakin kwata, bisimilla a samanta. Hankalinsa ya tashi. Ya tattara duka ya kai wa wani matashin ustazu da ke ba su karatu a masallacin unguwa, wanda ya yi karatunsa a ƙasar Larabawa. Ustazu ya duba ya ce sama dai sunan Allah ne. Tsakiya ba Larabci ba ne, ba kuma Hausa ba. Ƙasa kuwa ga wasu kalmomi marasa ma'ana, irin na masu tsubbu. Ya ce in alheri ne, ba a barinsa inda za a taka, in kuma akasin haka ne, ba a barinsa a gida. Ko wanne ne hanya ɗaya ce: a ƙona, ko a ba ruwa mai gudu.

"Ƙonawa ta yi mini nauyi, Baba, rubutun hannun mahaifina ne. Sai na yi alwala, na naɗe su cikin sabon farin ƙyalle, na ɗaura dutse. Na ɗauki jirgi har tsakiyar kogi, inda ba ƙafar da za ta kai."

Na dubi akwatin a rumfa. Sannan na ce, "Na gaya maka waƙar kakarka ce ko ban gaya maka ba?"

"Ka faɗa, Baba. Amma lokacin ba ka gani. Na ce ko wasu kake nufi. Ustazu kuwa da idonsa ya duba."

"Ustazu yana jin Dendanci?"

"A'a."

"Kai fa?"

"Ina ji."

"To shi ya iya harufa ba ya jin harshe, kai kana jin harshe ba ka iya harufa ba. Ya karanta da ƙarfi kai ka saurara, wannan bai zo muku ba? Ku biyu, kowa da gemunsa!"

Ya sunkuyar da kai.

"Telefon fa? Wadda kake ɗaukar hoton kamyo da ita safe da yamma? Ta ƙi ɗaukar takarda?"

"Ana shiga bayi da ita, Baba. Ban so sunan Allah ya..."

Bai ƙarasa ba. Uwarsa ta sa baki daga inda take. "Alhaji, yi a hankali. Yaron nan girmamawa ya yi. Da a shara ya zuba su fa?"

"Da a shara ya zuba da na tsinto su! Bola ba ta gudu. Ranar da na ce a ba ni, dukiya ce, ba a taɓawa sai an yi rabo. Wa ya jira rabo ranar da za a kai su kogi?"

Uwar ta mai da kai kan faifanta. An yi rabon daga baya, kuma akwatin ya shiga ciki, ya faɗa hannun matar. Takardun ko ambatonsu ba a yi ba.

Bayan la'asar na je wajen ustazun. Ya tashi ya ba ni dardumarsa, yaro mai ladabi. Ya saurare ni har na gama, sannan ya ce, "Baba, Allah ya ba ka haƙuri. Abin da ban sani ba ne, sai na nuna hanyar da ta fi aminci."

Na ce, "Hanyar da ta fi aminci ita ce ka ce ban sani ba, a nemo tsoho. Har yanzu akwai mu a garin nan, ba mu ƙare ba."

Ya ce haka ne. Amma na ga a fuskarsa cewa in gobe aka sake kawo masa irinsu, abin da zai faɗa ke nan.

Da shi da ɗan wana, ban san wanda zan fi jin haushi ba, kuma da na duba sai na ga ba su suka fara ba. Lakwal ta shekara da shekaru tana gaya wa yara cewa iyayensu ba su iya karatu ba. Wana da ya cika akwati da rubutu, duk takardar hukuma da ya taɓa karɓa yatsa aka kama masa aka dangwala, yaransa suna kallo. Sababbin makarantun Larabci kuma suka zo suka koya musu cewa harufan nan na Larabci ne kaɗai. Ɗaya ta ce ba rubutu ba ne, ɗaya ta ce ba namu ba ne. Yaron da ya tashi a tsakaninsu, in ya ga rubutun ubansa, ba abin da ya rage masa sai ya yi alwala.

Washegari na gangara bakin kogi. Tun da aka rufe gadar kan iyaka jirage sun yi yawa, masu zuwa Malanbil a hayin kogi da masu dawowa, ga buhuna ga babura. Na nemo wanda ya kai yaron, wani dattijon Basarke, masunci, da wana ya sha gyara wa jirgi. Na tambaye shi ko in ruwa ya janye za a iya nutso a wajen.

Ya dube ni. "Alhaji, da wace tawada aka rubuta?"

"Ta gida. Gawayi da ƙaro."

"Wadda ake wankewa a allo? To ko yau aka jefa, farar takarda za ka ciro." Ya tofar da goro. "An ce mini tsofaffin takardun karatu ne. Kullum ina kai irinsu, don lada. Da na san na abokina ne da na tambaya."

Shi ya ƙetarar da ni zuwa tungar su Inna. Na zauna da tsofaffin matan da suka rage, na rera musu guntayen da ke kaina ko za su ɗora. Ɗaya ta kama waƙar daka ta kai ta rabi, ta tsaya, ta ce sauran ya tafi. Ɗaya ta ce ta lallashin ba haka suke yinta ba. Da na tambayi doguwar, mai jero tungaye, suka dubi juna. Mafi tsufansu ta ce, "Ai wadda ta iya wannan ita ce aka kai Gaya aure. Ka tambaya a can."

Abin da na samo da abin da ke kaina na haɗa, bai cika shafi biyu ba. Na rubuta shi da boko na ba ɗiyar wana, ta ce za ta koya wa ƴan ajinta in ta sami sarari. Da ɗan wana muna gaisawa, yana aiko mini da kifi Doso, ina karɓa. Bai daina ganin cewa daidai ya yi ba, ni ma ban daina ganin abin da nake gani ba.

Waƙoƙin Inna dai sun tafi. A gidanmu yanzu babu mai rera su, kuma in ban da ni babu mai karanta rubutun da aka adana su da shi. Bayana babu kowa.